Amsoshin Tambayoyinku: Direban da Ke Cin Abinci da Tseren Mota a Filin Laka

Cikin wata biyu wasiƙu huɗu suka taru a gabana a kan magana guda, kuma dukkansu daga Maraɗi da kewayenta suka fito. Da alama bidiyon wata motar tsere mai faffaɗan fiffike ne ke yawo a wayoyin samari, har ya kai ga iyaye. Na haɗa su a fitowa ɗaya domin amsar kowace tana jingine da ta ƴar'uwarta.

Tambaya ta farko, daga wani yaron gareji a unguwar Sabon Gari: Assalamu alaikum Baba. Shekarata ta uku ke nan ina koyon gyaran inji. Na ga wasu motoci masu fiffike a bisa suna zagaye filin ƙasa, suna tafiya a karkace kamar za su kife. Abokaina sun ce wasan masu kuɗi ne kawai, ni kuma na ce sana'a ce. Wace irin mota ce wannan, kuma ta yaya mutum ke zama direbanta?

Wa alaikumus salam, ɗana. Kai ne da gaskiya, sana'a ce, kuma akwai waɗanda suka shekara talatin ko fiye ba su da wata hanyar abinci sai ita. Motar da ka gani sunanta sifirin, ma'ana mai gajeren gudu, kuma gidanta Amurka, sai Ostireliya da Niyuzilan da su ma suka rungume ta. Tunda kai mai gyaran inji ne, bari in fara maka da abin da ke jikinta, domin daga nan za ka gane irin mutumin da take bukata.

Babbar cikinsu tana ɗauke da inji mai silinda takwas, girmansa kusan lita 6.7, yana fitar da ƙarfin doki wajen 900, alhali nauyin motar gaba ɗaya, har da direba a ciki, kusan kilo 650 ne. Ka kwatanta ta da ƙananan motocin hayar da kuke gyarawa, waɗanda suka kusa ninka ta nauyi amma ƙarfinsu bai kai kashi ɗaya cikin shida na nata ba. Ba fetur take sha ba, wani sinadari ne mai suna metanol. Ba ta da akwatin giya, ba ta da kuloci, ba ta da sitata, domin an cire duk wannan don a rage nauyi. Saboda haka ba ta tashi da kanta. Direba zai sa giya guda tilo da take da ita, wata mota ta zo ta bayanta ta tura ta, tayoyi su juya inji har ya kama, kuma idan ta mutu a tsakiyar tsere babu makawa sai an sake turawa.

Fiffiken da ya ɗauke maka hankali aikinsa akasin na jirgin sama ne, wato iskar da ke bugunsa danne motar take yi da ƙasa don tayoyi su kama. Direba yana iya matsar da shi gaba ko baya daga inda yake zaune, gwargwadon yadda fili ya sauya. Idan ka sake kallon bidiyon kuma, ka lura da tayoyin baya, za ka ga ta dama ta fi ta hagu girma sosai. Ka ɗauki bokiti ka mirgina shi a tsakar gida, ba zai tafi a miƙe ba, sai ya karkata wajen ƙaramin gindinsa. Dabarar ke nan, tunda hagu kaɗai motar ke juyawa daga farkon tsere zuwa ƙarshensa.

To, yanzu ga abin da nake so ka riƙe fiye da komai. Filin kewaye ne mai siffar ƙwai, tsawonsa daga mita 400 zuwa 800 a yawancin wurare, kuma ba kwalta ba ne, laka ce da aka jiƙa da tankar ruwa aka daddanne kafin magariba. Kwalta yadda ka bar ta haka za ka dawo ka same ta, amma laka rai gare ta. Da farkon dare tana da danshi da danƙo, taya na kama ta ko'ina. Bayan motoci sun yi ta bi, tsakiyar hanya ta bushe ta yi baƙi da santsi, ɓarɓashin da tayoyi suka watsa kuma ya taru a gefen sama ya yi tudu kamar kunyar gona. Wani direban zai jingina tayarsa ta dama da wannan kunya, dab da katanga, ya samu gudu, amma in ya tsallake ta da taƙi ɗaya ya haɗu da bango. Wani kuma zai rage totur ya bi ta can ƙasa yana neman ɗan layin danshin da ya rage, wanda faɗinsa wani lokaci bai wuce na taya ba. Hanyar da ta ci a zagaye na biyar ba lalle ta ci a na ashirin ba. Duk wannan lissafi yana yin sa ne cikin gudun da kan wuce kilomita 200 a awa a manyan filaye, laka na feso masa a fuska, yana yage siraran ledojin da aka jera a gilashin hular kwanonsa ɗaya bayan ɗaya da hannu guda don ya ga gabansa.

Shi ya sa kullum nake ganin wannan direba ya fi kama da manomin fadamar Gulbi fiye da ɗan gudun kan titi. Manomi yakan damƙi ƙasa ya matse a tafin hannu ya san ko ta isa shuka, su ma za ka gan su kafin babban tsere sun tako bakin fili suna duban launin laka, suna taɓa ta da ƙafa, sannan su koma su gaya wa makanike abin da zai sauya. Ni kaina na taɓa ɗanɗana kaɗan daga wannan darasi a wata hanyar laterit bayan Tibiri, da damina, ina tuƙa wata tsohuwar mota. An yi yayyafi, saman ƙasa ya yi sulɓi, na zo kwana na taka birki, sai bayan motar ya fara wuce gabanta a hankali, sitiyari kuwa ya zama kamar ba a haɗe yake da komai ba, har muka tsaya a cikin gonar gero. Allah ya kiyaye babu wanda ya ji ciwo. Abin da ya firgita ni a ranar, su da gangan suke jawo shi sau biyu a kowane zagaye, suna juya sitiyari dama alhali motar hagu take zuwa, suna sarrafa ta da totur.

Game da yadda ake shiga sana'ar, babu makarantar da ke ba da takardar shaida, kuma permin tuƙi ba shi ne ƙofa ba. Matakala ce ake hawa. Akwai ƙananan motocin yara da ake fara tuƙawa tun daga shekara biyar a ƙaramin fili, iyaye na tsaye, kuma ta nan shahararren direban Amurka Jeff Gordon ya fara kafin iyalinsa su tashi daga Kalifoniya su koma jihar Indiyana don ya samu damar tuƙa sifirin tun yana ɗan yaro. Daga nan sai matsakaitan motoci, sai sifirin mai ƙaramin inji a filin garinsu kowane daren Asabar, sai gasar yanki. Ƙololuwar matakalar ita ce gasar World of Outlaws, wadda wani mutum mai suna Ted Johnson ya kafa a 1978 don ya tattara direbobin da a da kowa ke yawonsa shi kaɗai yana bin filin da ya fi biya. Wanda iyayensa ba su da hali kuwa yakan fara ne daidai inda kake yanzu, yana kankare laka daga jikin mota, yana yanka zane a taya da wuƙa mai zafi, yana jiran ranar da mai mota zai yarda ya ba shi kujera.

Hawan ba ya sauri. Donny Schatz, mutumin Dakota ta Arewa, ya shiga World of Outlaws gadan-gadan a 1997, amma bai zama zakaranta ba sai 2006, kuma a babbar gasar shekara-shekara ta garin Knoxville sau huɗu yana zuwa na biyu kafin ya ci a wannan shekarar. Daga baya ya zama zakara sau 10, ya ci Knoxville sau 11. Wanda ya fi shi kuma shi ne Steve Kinser na Indiyana, da suke kira Sarki, wanda ya yi zakara sau 20 tsakanin 1978 da 2005, ya ci Knoxville sau 12. Zai yi maka daɗi ka ji cewa yawancin nasarorin nan ya same su ne tare da wani makanike ɗan danginsu, Karl Kinser, wanda masana harkar ke ambaton sunansa kafaɗa da kafaɗa da na direban. Steve ya kuma yi kokowa yana makarantar sakandare, abin da ba zai ba ɗan Maraɗi mamaki ba, tunda garin Kantu ya san cewa sanin inda za a dafa ƙafa da lokacin da za a saki nauyi ya fi ƙarfin damtse amfani.

Tambaya ta biyu, daga wani ɗan kasuwa a Babbar Kasuwa: Malam, barka da aiki. An ce akwai direban da ya samu dala miliyan ɗaya a dare guda. In haka ne, ashe duk masu kuɗi ne?

Alhaji, barka kadai. Labarin gaskiya ne. A watan Yulin 2023, a filin Eldora da ke jihar Ohayo, Logan Schuchart ya ci wata gasa ta musamman da ladanta ya ɗara dala miliyan ɗaya da kaɗan. Sai dai kai ɗan kasuwa ne, ka san ciniki ɗaya mai tsoka ba shi ne lissafin shekara ba, kuma kowa ya ci zomo ya ci gudu. A daren da ba na biki ba, wanda ya zo na ɗaya a World of Outlaws yakan samu dala dubu 10 zuwa 12, wato wajen miliyan shida na sefa, kuma motoci sama da ashirin ne ke neman wannan kuɗi. Na ƙarshe abin da zai karɓa da ƙyar ya biya tayoyi da mai. Akwai ma waɗanda ba sa kaiwa babban tseren sam, domin kafin shi sai an gwada gudun kowa shi kaɗai, a yi tseren share fage rukuni-rukuni, wanda ya faɗi ya naɗe kayansa.

A ɗaya ɓangaren kuma, inji guda kuɗinsa ya kai dala dubu 60 ko fiye, yana bukatar a kwance shi a sabunta bayan ƴan darare, kuma ƙungiyar da ke zagaye ƙasa ba ta tafiya da inji ɗaya. Ga tirela mai ɗaukar motoci da kayan gyara, ga man tafiya, ga albashin makanikai biyu ko uku. Tsarin ya yi kama da na motocin hayarmu: sau da yawa mota ta wani ce, direba kason lada yake karɓa, rabi ko ƙasa da haka, sauran na mai mota. In bai ci ba babu kaso mai kauri, in ya daɗe bai ci ba a sauke shi a ɗora wani. Abin da ke riƙe da harkar shi ne kamfanonin da ke biya a rubuta sunansu a jikin fiffike, sai kuma rigunan da ke ɗauke da lambar direba, waɗanda matarsa ko iyayensa kan zauna suna sayarwa a wata ƙaramar tirela bayan fili.

Wahalar tafiya ita ma a sa ta cikin lissafi. Kakar tsere tana farawa a Fabrairu a jihar Fulorida, ta ƙare a Nuwamba kusa da birnin Charlotte, darare tamanin da wani abu a shekara, daga wannan gaɓar teku zuwa waccan. A gama tsere wajen sha ɗaya na dare, a wanke mota, a kama hanya. Direbobinmu na Kwatano da Lome za su fi kowa gane wannan rayuwa. Wasu ma idan sanyi ya rufe filayen Amurka sai su tsallaka Ostireliya, inda Janairu bazara ce, su ci gaba. Masu arziki a cikinsu akwai, irin su Tony Stewart da ya yi suna a NASCAR, babbar gasar motocin kwalta ta Amurka, har ya sayi filin Eldora a 2004, ko Kyle Larson da ya zama zakaran NASCAR a 2021 ya kuma ci Knoxville a shekarar, amma a kwalta suka tara yawancin dukiyar, soyayya ce ke dawo da su laka.

Tambaya ta uku, daga wata uwa a unguwar Zariya: Malam, ina yi maka fatan alheri. Ɗana mai shekara goma sha tara ɗan kabu-kabu ne. Tun da ya fara kallon waɗannan motoci ba shi da magana sai ta tsere, kuma an gaya mini ranar ɗaukar amarya yana cikin masu karkata babur a kan titi. In na yi magana sai ya ce ai Turawa ma sana'a suka ɗauke shi. Shin su ba sa mutuwa ne?

Hajiya, Allah ya saka da alheri, ya kuma shirya mana zuri'a. Suna mutuwa, kuma ba ƙananan cikinsu kaɗai ba. Jason Leffler ya rasu a 2013 a wani fili a jihar New Jersey. Bryan Clauson, wanda ake ƙirgawa cikin gwanayen zamaninsa, ya rasu a watan Agustan 2016 bayan hatsari a Belleville ta jihar Kansas, yana da shekara 27, a shekarar da ya ɗaura niyyar shiga tsere 200. Jason Johnson ya ci gasar Knoxville a 2016, ya rasu a watan Yunin 2018 bayan hatsari a wani fili a Wisconsin. Tony Stewart da na ambata a sama ya karya ƙafa mummunan karaya a 2013 cikin irin wannan mota. Dalilin yawan kifewar shi ne tayoyin a waje suke babu abin da ya rufe su, saboda haka da tayar wannan ta hau ta wancan sai motar ta tashi sama ta yi ta wuntsilawa.

Ina so ki karanta masa wannan sashe da kanki, ko ki ba kawunsa ya karanta masa. Mutanen nan da suka rasu, kowannensu yana zaune ne cikin kejin ƙarfe da aka ƙera don ya jure kifewa, a kujerar da ta rungume haƙarƙari, an ɗaure shi da ɗamara ta kafaɗu da ƙugu da tsakanin cinyoyi. Yana sanye da hular kwano da abin tallafe wuya, da tufafin da ba sa saurin kama wuta, saboda wutar metanol da rana ba a cika ganin harshenta ba. Fili a killace yake, kowa hanya ɗaya ya nufa, masu kashe gobara da motar asibiti suna tsaye, kuma da mota ta kife ake ɗaga jar tuta kowa ya tsaya. Da duk wannan tanadi ajali ya same su. Shi kuwa ɗanki yana kan babur da silifa, ba hula, a titin da yara ke tsallakawa da tallar goro, amalanke na fitowa daga lungu. Direban sana'a ya yarda ya sa ransa ne tare da waɗanda su ma suka yarda, amma mai karkata babur a ayarin amarya yana sa ran tsohuwar da ta fito sayen cefane, wadda ba a tambaye ta ba. A wajen su kansu masu sana'ar, wanda ya yi ganganci da mota a wurin da makanikai ke aiki hukunta shi ake yi.

Ban ba ki shawarar ki kashe masa sha'awar ba, domin son inji da son ƙwarewa ba aibu ba ne. In akwai hali, ki nemi babban makaniken babur da ya yarda da shi, ya riƙa zuwa wajensa bayan la'asar, kuma a saya masa hular kwano ta kirki a sa sharaɗi a kanta. Yaron da ya taɓa kwance birki da hannunsa ya ga ƙanƙantar abin da ke tsayar da shi yakan sauya yadda yake murɗa totur.

Tambaya ta huɗu, daga wata ɗaliba a Jami'ar Dan Dicko Dankoulodo: Malam, shin wannan tsere ɗaya ne da na Dakar da iyayenmu ke ba da labari? Kuma mata na shiga?

Ƴata, ba ɗaya ba ne. Gasar Dakar, wadda ta fara a ƙarshen 1978 ta kuma sha ratsa Agadas da hamadar Tenere, tafiya ce ta dubban kilomita cikin kusan mako biyu, direba da mai nuna masa hanya suna fama da rairayi da ɓata. An soke ta 2008 saboda rashin tsaro, aka kai ta Kudancin Amurka a 2009, sannan Saudiyya tun 2020. Tseren sifirin kuwa ɗan kallo na zaune wuri ɗaya yana ganin fili gaba ɗaya, babban tseren zagaye 25 zuwa 40 ne a yawancin darare, zagaye guda a filin Knoxville bai fi daƙiƙa 15 da ɗoriya ba. A tsari ya fi kusa da sukuwar dawakinmu, har da yadda jama'ar karkara suka fi ƴan birni riƙo da shi. Knoxville ɗin nan ƙaramin gari ne na manoma a jihar Ayowa, mutanensa ba su kai dubu goma ba, amma tun 1961 kusan kowace shekara yake karɓar babbar gasar, wadda yanzu ake yi a watan Agusta, baƙi su ninka ƴan gari.

Mata suna shiga, kuma babu rukuni na daban dominsu, da maza suke karawa a fili ɗaya da mota iri ɗaya. Erin Crocker ce mace ta farko da ta ci tsere a World of Outlaws, a 2004, a Tulare ta jihar Kalifoniya, kuma ta yi karatun injiniya a jami'a. Ba ki faɗa mini fannin da kike karantawa ba a wasiƙarki. In kin sake rubutowa ki ambata shi, kuma in lissafin inji ne ya ja ki, zan ware fitowa guda in yi bayanin yadda ake auna bambancin tayoyin bayan nan biyu da igiyar awo, da yadda ake zaɓar haƙoran giya daidai da tsawon fili.